Baƙo Raɓa: Sharhi a Kan "Dutse", Kiɗan Samartakar Rakmaninof

Gabatarwa

Duk wanda ya taɓa yin sammako cikin damina ya tsaya a bakin kogin Binuwai ta gefen Jimeta, ya ɗaga kai ya dubi duwatsun Bagale da ke tsallake, ya san wani abu da ke faruwa a can da sanyin safiya. Wani lokaci gajimare yakan sauko ya kwanta bisa dutse har ya rufe masa kai kamar rawani. Kafin hantsi ya dubi ludayi sai iska ta kwashe shi ya yi gaba, dutsen kuwa yana nan inda yake, jiƙe da raɓa. Masunta da masu fito ba su cika kula da wannan ba, don sun saba gani. To, a kan irin wannan ɗan al'amari ne wani saurayi ɗan ƙasar Rasha mai suna Sergei Rakmaninof ya gina wani kiɗa a shekarar 1893, yana da shekara 20 da haihuwa. Sunan kiɗan da harshensu "Utyos", wato dutse mai tsayi wanda ya tsaya shi kaɗai. A wannan sharhi za mu riƙa kiran sa "Dutse".

Mai karatu na iya cewa, me ya gama kifi da kaska? Ina ruwan ɗalibin Hausa da kiɗan Rashawa, wanda ko kalma ɗaya babu a cikinsa? Dalilin shi ne, wannan kiɗa ya tayar da wata tambaya da ta shafi kalangunmu da alƙalaminmu baki ɗaya: shin sauti zalla, ba tare da magana ba, yana iya ba da labari? Abin da wannan sharhi zai yi ƙoƙarin nunawa shi ne, "Dutse" bai ba da labari ba, ko da yake mai shi ya jingina shi da labari har biyu. Abin da ya kawo shi ne nauyin da labari ke bari a zuciya bayan an gama jin sa, kuma inda saurayin ya tsaya a kan wannan ya yi nasara, inda ya kauce kuwa ya yi tuntuɓe.

Makaɗin da Zamaninsa

An haifi Rakmaninof a shekarar 1873. Turawan Yamma suna rubuta sunansa Rachmaninoff, kuma da wannan rubutu ne mai neman kiɗan zai same shi a intanet. Ya kammala babbar makarantar koyon kiɗa ta birnin Mosko a 1892, inda ya sami babbar lambar zinare, lambar da ba kasafai ake ba da ita ba. Shekara guda bayan haka, a lokacin zafi, ya tsara "Dutse", wanda shi ne na 7 a jerin ayyukansa masu lamba. Ya sadaukar da shi ga Rimski-Korsakof, ɗaya daga cikin manyan masu tsara kiɗa na birnin Fitasbag.

A watan Satumba na wannan shekara, a gidan malaminsa Taneyef, aka gabatar da kiɗan ga Caikofski, wanda a lokacin shi ne uban makaɗan Rasha. Dattijon ya yaba ƙwarai, har ya nuna sha'awar ya jagoranci kaɗa shi da kansa. Allah bai nufa ba, domin a watan Nuwamba ya rasu yana da shekara 53. Saboda haka Safonof ne ya jagoranci kaɗa shi karo na farko a Mosko cikin 1894. A watan Afrilu na 1899 kuma, da Rakmaninof ya je London karon farko, wannan kiɗa ne ya zaɓa ya jagoranta a gaban Turawan Ingila. Ke nan ko bayan shekara shida bai ji kunyar aikin ƙuruciyarsa ba.

Mece ce Waƙar Sauti?

Irin wannan kiɗa ana yin sa ne da okestira, wato taron makaɗa kamar 60 zuwa 80 waɗanda ke zaune gaban jagora guda, kowa da takardar da aka rubuta masa abin da zai kaɗa. Mafi yawansu masu goge ne, daga ƙananan goge masu siririyar murya zuwa manya waɗanda sai an tsayar da su a ƙasa. Akwai masu sarewa, da masu busa wani abu ɗan'uwan algaita, da masu ƙahonin tagulla irin na badujala, da masu tambura. Babu mawaƙi, babu 'yan amshi.

Da can, yawancin manyan kaɗe-kaɗen okestira ba su da jigo sai tsarin sautinsu kawai. A wajajen shekarun 1850 wani ɗan ƙasar Hungari mai suna Faranz List ya yaɗa wani sabon salo, inda za a ɗauki rubutacciyar waƙa, ko labari, ko zane, a gina kiɗa guda ɗaya mai tsawo a kansa, a kuma laƙaba masa suna don mai sauraro ya san inda aka dosa. Ya tsara irinsu guda 13. Wannan shi za mu kira waƙar sauti. Matasan Rasha sun karɓi salon hannu bibbiyu. A 1867 Rimski-Korsakof, yana da shekara 23, ya yi "Sadko" a kan wani gwarzon tatsuniyoyinsu, a shekarar kuma Musogski ya yi nasa a kan daren taron mayu bisa wani tsauni. Don haka a lokacin da Rakmaninof ya zo, hanya ta riga ta faɗa, abin da ya rage masa shi ne ya nuna irin tasa tafiyar.

Tushen Jigo

A kan shafin farko na takardar kiɗan, Rakmaninof ya ɗora layuka biyu na farkon wata gajeriyar waƙa ta Lermontof. Waƙar layi takwas ce kacal, an rubuta ta a 1841, shekarar da Modibbo Adama ya kafa garin Yola, kuma shekarar da aka kashe mawaƙin yana da shekara 26. Abin da ta ƙunsa shi ne abin da muka gani a Bagale: gajimare ya kwana bisa tsohon dutse, da safe ya wuce abinsa, ya bar dutsen da danshi da kaɗaici. Idan muka yi amfani da kalmomin feɗe waƙa da Farfesa Abdulƙadir Ɗangambo ya koya mana, mutuntarwa ce aka yi wa dutse da gajimare, kowannensu kuma alama ce ta wani irin mutum.

Sai dai a 1898 Rakmaninof ya aika wa marubuci Anton Cekof kwafin kiɗan, ya rubuta a kai cewa gajeren labarinsa mai suna "A Kan Hanya", wanda ya fito a 1886, shi ne ainihin abin da kiɗan ya bi. Shi ma wannan labari da layukan Lermontof aka buɗe shi. Ga yadda yake a taƙaice. A daren jajibirin Kirsimeti guguwar dusar ƙanƙara ta tsare matafiya a wani masauki na bakin hanya. Cikinsu akwai Likaref, mutum mai kimanin shekara 40, tare da 'yarsa ƙarama, da kuma wata budurwa 'yar masu hali mai suna Ilobaiskaya. Barci ya ƙi zuwa, sai Likaref ya shiga ba ta tarihinsa: yadda ya yi ta rungumar aƙida bayan aƙida da dukkan zuciyarsa, kowace ta watsar da shi, yadda dukiyarsa da ta matarsa suka salwanta, yadda matar ta mutu cikin wahalar bin sa. Budurwar ta saurara har tausayi ya kama ta. Da gari ya waye aka ɗaura mata dawaki. Ta dube shi kamar za ta ce wani abu, ba ta ce ba, ta tafi. Shi kuwa ya tsaya yana kallon hanya, ƙanƙara na zuba a kansa har ya koma kamar farin dutse.

Hausawa sun ce baƙo raɓa ne. Wannan karin magana ita ce furucin jigon waƙar, da labarin, da kiɗan gaba ɗaya. Abin lura a nan shi ne, Rakmaninof sa'an budurwar ne, amma a wurin dattijon ya tsaya. An ce abin da babba ya hango, yaro ko ya hau rimi ba zai hango shi ba. Ga yaro ɗan shekara 20, duniya na yi masa tafi, ya zaɓi ya yi kiɗan wanda aka tafi aka bari. Wannan zaɓi shi ne alamar farko ta cewa ba ƙaramin makaɗi ne ke tafe ba.

Zubi da Tsari

Kiɗan bai wuce rubu'in sa'a ba. Yana buɗewa da muryar manyan goge, can ƙasa, a hankali, kamar mutum mai nauyin jiki yana taka ƙasa da ƙyar. Wannan rauji, wato karin muryar da ake ɗora kiɗa a kai kamar yadda manazarta waƙar baka ke kiran sa, shi ne na dutse, ko kuwa na Likaref. Gajere ne, yana gangarowa ƙasa, ba shi da ado. Kafin kunne ya gama sabawa da shi, sai sarewa ta shigo da wani rauji na dabam, mai sauri, mai tsalle-tsalle, yana hawa yana sauka kamar tsattsewa. Wannan shi ne gajimare, ko kuwa budurwar. Mai sauraro ko bai taɓa jin sunan Lermontof ba zai gane cewa abu biyu ne suka haɗu, ɗaya mai nauyi ɗaya marar nauyi, ɗaya ya ga jiya ɗaya bai san da gobe ba.

Daga nan sai wani rauji na uku ya ɓullo, mai taushi, mai ja kamar roƙo. Wannan ba na ɗayansu ba ne shi kaɗai, shi ne abin da ya shiga tsakaninsu cikin daren. Tsakiyar kiɗan duka juya waɗannan muryoyi ake yi, ana miƙa su daga hannun wannan makaɗi zuwa wancan, ana sauya musu kaya. Sannu a hankali sautin na ƙaruwa, goge na hawa, har a kai ƙololuwa inda ƙahonin tagulla suka ɗauki muryar dutse suka faɗe ta da dukkan ƙarfinsu. A nan ne mutumin da ya fara da gunaguni ya fashe da kuka. Bayan wannan sai komai ya lafa. Muryoyin na raguwa ɗaya bayan ɗaya, sautin na nisa, har ya ɓace.

A ganina wannan ƙarshe shi ne mafi kyawun abin da ke cikin aikin. Da wani saurayin ne, da ya rufe da tambura da ƙara don a yi masa tafi. Rakmaninof ya bar kiɗan ya mutu a hankali, yadda mai sauraro zai ɗan jima bai tabbata ko an gama ba. Haka Cekof ya yi da budurwar da ta buɗe baki ba ta ce komai ba. A nan makaɗi da marubuci suka yi tarayya: dukansu sun san cewa maganar da ba a faɗa ba ita ta fi daɗewa a zuciya.

Kiɗan da ke Magana da Wanda ba ya Magana

Yanzu bari mu dawo gida. Bahaushe ba baƙo ba ne ga kiɗan da ba a waƙa a cikinsa. Wanda ya je ƙofar fadar Lamiɗo a Yola ranar hawan Salla ya ji kakaki da algaita da ganguna suna aiki ba tare da wani ya buɗe baki ba, kuma jama'a sun san wa ke tafe. Mahauci ya san takensa a bakin kalangu, maƙeri ya san nasa a dundufa, ɗan dambe yakan tsuma tun kafin makaɗi ya ambaci sunansa. Saboda haka idan aka ce da ɗalibin Hausa ga kiɗa mai ba da labari, abin da zai fara zuwa ransa shi ne take.

Amma akwai bambanci babba. Take magana ce da aka ɓoye a cikin fata. Hausa harshe ne mai karin sauti, kowace gaɓa tana da hawa ko sauka ko faɗuwa, tana kuma da tsawo ko gajarta. Mai kalangu yana matse tsarkiya ya sassauta don ya kwaikwayi wannan hawa da sauka, wanda ya san kalmomin kuwa sai ya warware su. Ke nan a ƙarƙashin kowane take akwai jimla, kuma jimlar ɗaya ce. Ba a kaɗa taken wani a ce na wani ne.

"Dutse" ba haka yake ba. Babu wata jimlar Rashanci da ke kwance ƙarƙashin muryar manyan gogen nan. Hujja kuwa mai shi ne ya ba mu da hannunsa, tun da kiɗa ɗaya ya ce wa duniya na dutse da gajimare ne, ya ce wa Cekof na Likaref da Ilobaiskaya ne, kuma bai sauya ko sauti ɗaya ba. Da labari ne a cikin kiɗan, da ɗaya daga cikin maganganun nan biyu ta zama ƙarya. Dukansu gaskiya ne, domin kiɗan bai san ƙanƙara ba, bai san masauki ba, bai san 'yar Likaref da ke barci a gefe ba. Abin da ya sani shi ne haɗuwar mai nauyi da marar nauyi, da kusantarsu, da rabuwarsu. Wanda ya taɓa raka wani tashar mota a Jimeta, ya tsaya har motar ta ɓace, zai iya sa nasa labarin a ciki ya zauna daidai.

Idan ana neman ɗan'uwan wannan kiɗa a wajenmu, sai a bar fada a nufi bakin fadama, inda makiyayi ke busa sarewa da yamma shi da shanunsa. Ba ya kiran sunan kowa, ba ya neman kyauta, amma mai wucewa ya san ko yana cikin nishaɗi ko kewa. Da irin wannan kunne ya kamata a saurari Rakmaninof. Wanda ya zauna yana jiran ya ji inda aka ɗaura dawaki da inda aka buɗe ƙofa, zai tashi da takaici, kamar wanda ya je rijiya da kwando.

Inda Ƙuruciya ta Bayyana

Sharhi ba ya cika sai an faɗi rauni, kuma "Dutse" yana da nasa. Na farko, tsakiyar kiɗan ta yi tsawo fiye da abin da take ɗauke da shi. Saurayin yakan kama ɗan guntun rauji ya maimaita shi, ya ɗaga shi sama kaɗan ya sake maimaitawa, ya kuma ɗagawa, har mai sauraro ya riga shi sanin abin da zai biyo baya. Maimaici ba laifi ba ne a kansa. Shata yakan maimaita gindin waƙa sau da yawa, amma tsakanin kowane biyu akwai sabon ɗa da ya kawo. A wasu wurare na "Dutse" gindin ne ke dawowa ba ɗa.

Na biyu, akwai son nuna gwaninta. Yaron da ya fito makaranta da lambar zinare yana so a san ya iya sarrafa kowane abin kiɗa, don haka ya yi wa muryar gajimare ado iri-iri har wani lokaci adon ya rufe fuskar. Wannan ƙyalƙyali na gidan Rimski-Korsakof ne. Hawan da ake yi zuwa ƙololuwa kuwa, da yadda goge ke kuka, na gidan Caikofski ne. Ba abin kunya ba ne almajiri ya yi muryar malaminsa, don kowane makaɗi da ɗaukar ganga ya fara. Amma dole a faɗa cewa a cikin rubu'in sa'ar nan, wurin da muryar Rakmaninof ta kansa ta fito sosai shi ne farko da ƙarshe, wato inda ya rage kaya.

Na uku, budurwar ba ta sami haƙƙinta ba. A labarin Cekof, Ilobaiskaya mace ce mai hankali wadda ke riƙe da harkokin gidan mahaifinta, kuma daren ya taɓa ta har ta yi hawaye. A kiɗan kuwa ta fi kama da gajimaren Lermontof, mai wasa, marar damuwa. Makaɗin ya shiga zuciyar dattijon ya zauna, amma ita daga nesa ya hango ta. Wannan ma wata shaida ce cewa kiɗan ya fi kusa da waƙar mai layi takwas fiye da labarin, ko da mai shi ya ce ba haka ba.

Abin da ya Biyo Baya

Juma'ar da za ta yi kyau tun daga Laraba ake gane ta, amma tsakanin Larabar Rakmaninof da Juma'arsa akwai wuya. A 1897 aka kaɗa babban aikinsa na farko na okestira a Fitasbag, aka kaɗa shi ba daidai ba, masu sharhi suka yi masa kaca-kaca. Ya yi kusan shekara uku bai tsara wani abin kirki ba, sai da wani likita mai suna Nikolai Dal ya taimaka masa ya farfaɗo. A 1909 ya koma ga waƙar sauti da wani aiki mai suna "Tsibirin Matattu", wanda ya gina a kan zanen wani mai zane ɗan Suwizalan. Wanda ya saurari ayyukan biyu a jere zai ji abin da shekara 16 suka koya masa. Ado ya ragu, rauji ɗaya mai kama da tuƙin kwalekwale ya riƙe kiɗan daga farko har kusan ƙarshe. Abin da ya yi daidai a minti biyun farko na "Dutse" shi ne ya faɗaɗa ya zama aiki guda. A 1917 juyin juya hali ya fitar da shi daga Rasha, bai sake komawa ba har ya rasu a Amurka a 1943.

Kammalawa

Wannan sharhi ya yi ƙoƙarin nuna cewa "Dutse" aiki ne na saurayi mai baiwa wanda bai gama sanin inda ƙarfinsa yake ba. Ya kuma nuna cewa kiɗan okestira, saɓanin takenmu, ba ya ɗauke da kalmomi, sai dai yanayin da kalmomi ke haifarwa, shi ya sa suna guda da aka laƙaba masa ya ishi mai sauraro jagora. Ga ɗaliban da ke aiko da waƙoƙi da gajerun labarai zuwa wannan mujalla, waɗanda yawancinsu sa'o'in Rakmaninof ne na 1893, akwai abin dubawa a nan. Sau da yawa rubutunmu na farko yakan cika da duk karin maganar da muka sani da duk salon da aka koya mana a aji, har a rasa mutumin da ake magana a kansa. Saurayin nan ma ya faɗa wannan rami, amma abin da ya sa har yau ake kaɗa aikinsa, bayan fiye da shekara 130, shi ne muryoyi biyu da ya ware sarai, da kuma shirun da ya bari a ƙarshe. Mai son tabbatarwa ya nemi kiɗan a wayarsa, ya sami wuri marar hayaniya, ya ba shi minti 15. In da hali, ya yi haka da sassafe a bakin Binuwai, yana fuskantar Bagale.